TAMBAYI LIKITA: Ya dawo daga feshi yana dalalar da miyau da gumi, me ke faruwa a jikinsa?

Assalamu alaikum masu karatu. Tambayoyin wannan makon kusan duk hanya ɗaya suka bi, shi yasa na haɗa su wuri guda tunda amsar wata tana taɓa wata. Kamar kullum mun sakaya sunaye.

TAMBAYA: Salam Likita, Allah ya ƙara basira. Maigidana ne ya je feshin maganin ƙwari a gona da rana tsaka, ashe injin feshin yana yoyo duk ya jiƙa masa bayan riga kuma bai cire ba har ya gama, da ya dawo ya ce kansa na ciwo yana ganin duhu-duhu, can sai amai da gudawa da gumi sharkaf, miyau na ta zuba, ƙirjinsa na ƙara in yana numfashi. Muka kai shi asibiti suka dinga yi masa allura ɗaya bayan ɗaya har na tsorata na ce wannan ai ta yi yawa. Alhamdulillahi ya samu sauƙi. Na ji likitan yana cewa kolinajik kiraisis, don Allah menene shi, kuma me yasa allurar ta yi yawa haka?

AMSA: Wa alaikumus salam baiwar Allah, Allah ya ƙara masa lafiya. Kun yi daidai da kuka ɗauke shi kuka tafi ba ku tsaya jiran a ga abinda dare zai yi ba, domin wannan lalurar tana cikin waɗanda minti kaɗan ke raba mai rai da gawa.

Bari in fara daga yadda jiki yake aiki lafiya lau. Duk lokacin da jijiya za ta ba tsoka umarni ta motsa, ko ta ba wa makwararar miyau umarni ta zubo, ko ta ce wa zuciya ta rage gudu, wani sinadari take fesawa a bakinta da ake kira asetilkolin. Yana isar da saƙo sai wani sinadarin daban mai suna kolinesteras ya zo nan take ya farfasa shi, cikin abinda bai kai ƙiftawar ido ba, don kada saƙon ya yi ta maimaita kansa. Toh su magungunan ƙwari na dangin oganofosfet, irin su daikulobos da kulofirifos da malatiyon da dayazinon, da kuma dangin kabamet irin su kabofuran, aikinsu kenan su kama wannan mai farfasawar su ɗaure shi. Kinga an buɗe famfo kenan an cire kan da ake rufewa da shi. Asetilkolin sai ya yi ta taruwa, duk inda yake da aiki a jiki sai wurin ya yi ta aiki babu tsayawa, wannan shine abinda kika ji likita ya kira kolinajik kiraisis. Kuma ba sai an sha ba, ta fata ma yana shiga, ta numfashi ma haka, balle riga jiƙaƙƙiya manne da bayan mutum yana gumi cikin rana.

Shi yasa duk abinda kika lissafo ya zo lokaci ɗaya. Miyau, hawaye, majina, gumi, amai, murɗawar ciki, gudawa, wani ma fitsari ya kufce masa bai sani ba. Duhun da ya ce yana gani kuwa, da kin buɗe idonsa kin haska za ki ga ɗigon baƙin nan na tsakiyar ido ya tsuke ya zama ɗan mitsitsi, haske ba ya shiga sosai. Bugun zuciya yawanci yakan ragu, ko da yake a wasu da farko sai ya ƙaru. Sannan in kika lura da kyau za ki ga naman jiki yana ɓari shi kaɗai a ƙarƙashin fata, a fatar ido ko harshe ko dantse, daga ɓarin nan sai tsokar ta gaji ta saki gaba ɗaya. In ya kai ƙwaƙwalwa sai ruɗewa da jijjiga da dogon suma.

Amma abinda nake so kowa ya riƙe shine, ba aman ne ke kisa ba, ba gudawar ba ce, numfashi ne. Kuma ta hanya uku ake kai masa hari a lokaci guda: hanyoyin iska na huhu suna tsukewa suna cika da ruwa, wannan ƙarar da kika ji a ƙirjinsa kenan, tsokokin da ke jan numfashi suna mutuwa, sannan wurin da ke ba da umarnin numfashi a ƙwaƙwalwa shima yana yin sanyi. Mutum yana kwance a busasshen gado amma nutsewa yake cikin ruwan jikinsa.

Batun allura kuma, kwantar da hankalinki, ba ganganci suka yi ba. Sunanta atrofin, ita ce take toshe ƙofofin da asetilkolin ke bi ya jawo wannan ambaliyar. Ƙa'idar ita ce a babba a fara da miligiram 1 zuwa 3 ta jijiya, in bayan minti 5 ƙirji bai bushe ba a ninka, in bai bushe ba a sake ninkawa, haka za a yi ta yi har likita ya sa abin sauraro ya ji ƙirjin ya washe, bugun zuciya ya haura 80 a minti, awon jini ya daidaita, hammata ta bushe. Tunda ƴar kwalbar atrofin ɗaya yawanci ba ta wuce miligiram 1 ba, dole ki ga ana ta fasa kwalabe, wani majinyacin sai ya cinye gommai. Ni a ganina kuskuren da ya fi yawa a wannan lalurar ba yawan atrofin ba ne, ƙarancinta ne, a yi guda biyu a koma gefe ana kallo. Ita ma dai in ta wuce iyaka tana da nata, zazzaɓi da sambatu da fizge-fizge da riƙewar fitsari, shi yasa ake tsayawa a kan mutum ana dubawa ana daidaitawa.

Sai dai atrofin ba ta gyara mutuwar tsoka, ruwan kawai take busarwa ta ɗaga zuciya. Wanda tsokar numfashinsa ta gaza sai an sa masa bututu an haɗa shi da na'urar numfashi har ƙarfinsa ya dawo. Akwai wata allurar, faralidoksim, da ake bayarwa don ta kwance kolinesteras daga ɗaurin da guba ta yi masa, kuma tana buƙatar a ba da ita da wuri kafin ɗaurin ya zama na dindindin. Likitoci har yau suna jayayya a kan amfaninta, wani babban gwaji da aka yi a Siri Lanka aka wallafa a 2009 bai nuna ta rage mace-mace ba, duk da haka asibitoci da yawa suna bayarwa. Mai jijjiga kuma ana yi masa dayazifam.

Kafin ya koma feshi don Allah a gyara injin nan ko a sauya shi, kuma ya jira likitansa ya ba shi izini, domin kolinesteras ɗin jikinsa yana ɗaukar makonni kafin ya cika, ɗan feshin da da ba zai yi masa komai ba yanzu zai iya kayar da shi.

TAMBAYA: Likita barka da aiki. In aka samu mutum ya sha irin wannan maganin, ko yaro ya ɗauka ya kurɓa, na ji ana cewa a ɗura masa madara ko mai ko ruwan gishiri ya amayar. Wanne ya fi?

AMSA: Malam babu ko ɗaya, duk ukun a bar su. Mutumin da maƙogwaronsa ya cika da miyau, tsokar haɗiyarsa ta yi rauni, hankalinsa na gushewa, in ka ɗura masa abu ba ciki zai tafi ba huhu zai faɗa, ka ƙara ruwa a inda ruwa ke kashe shi. Sannan yawancin waɗannan magungunan a cikin wani mai dangin fetur ake narka su, shi yasa kake jin wannan warin, wani kuma kamar na tafarnuwa, in aka tilasta amai wannan man ya shiga huhu ciwo ne na daban mai zaman kansa. Ruwan gishiri mai yawa kuwa shi kaɗai yana iya kashe ƙaramin yaro. Madara da mai ba sa kashe wannan gubar ko kaɗan, lokaci kawai suke cinyewa.

Abinda za ka yi, fitar da shi daga wurin zuwa inda iska ke kaɗawa, ka sa safar hannu ko ka ɗaura leda a hannunka kafin ka taɓa shi, a cire kayan jikinsa duka a ƙulle a leda, in ya zuba a fata a wanke da ruwa mai yawa da sabulu har gashi da ƙarƙashin farce, in ya shiga ido a yi ta kwarara ruwa mai tsabta kamar minti 15. Takalmin fata ko bel da ya jiƙa da maganin zubarwa ake yi, ba ya wankuwa. Amma kada wanka ya hana tafiya, in numfashinsa ya fara sauyawa a cire kayan kawai a kama hanya. A mota a kwantar da shi ta gefen hagu, kai ya ɗan yi ƙasa don miyau da amai su zubo waje, a sauke gilasai, kuma kada wani ya sa baki da baki ya hura masa iska.

A tafi da kwalbar ko a ɗauki hoton takardar jikinta. Wannan ba ƙaramin abu ba ne, domin ba kowane maganin feshi ne ke kawo wannan lalurar ba. Maganin ciyawa irin su farakwat da gilaifoset aikinsu daban ne a jiki, atrofin ba ta yi musu komai, shi farakwat ma yawan oksijin ƙara ɓata huhu yake. A yara ƙanana kuma ba lallai ka ga miyau da gumin nan sosai ba, sau da yawa sai dai ka ga yaro ya saki jiki ya yi laushi, barci ya danne shi ko ya fara jijjiga.

In kuma da gangan mutum ya sha, ranar ba ranar faɗa ko wa'azi ba ce, kuma kada kunya ta sa a ɓoye wa likita, a gaya masa me aka sha da ƙarfe nawa. Bayan ya tashi a haɗa shi da likitan ƙwaƙwalwa, a kwashe sauran maganin daga gidan. Da yawan masu yin haka cikin zafin zuciya na ɗan lokaci suke yi, abinda hannu ya kai gare shi suke ɗauka, shi yasa da Siri Lanka ta bi magungunan ƙwari mafi haɗari ta haramta su ɗaya bayan ɗaya, yawan masu kashe kansu a ƙasar ya faɗi da fiye da rabi.

TAMBAYA: Assalamu alaikum Likita. Mahaifiyata tana da ciwon mayasteniya, wanda ke sa fatar ido ta sauka da kasala, tana shan Mestinon. Kwanakin nan da ta ji jikinta ya mutu sai ta ƙara ƙwaya ɗaya ko biyu a kan abinda aka rubuta mata, toh yanzu kasalar ƙaruwa take, ga ciwon ciki da gudawa da yawan miyau. Mu ƙara mata ne ko yaya?

AMSA: Wa alaikumus salam ƴar uwa. Kada ku ƙara, ku kai Mama asibiti yau ɗin nan, in da hali inda ke da likitan jijiyoyi da na'urar numfashi.

Shi Mestinon, wanda asalin sunansa firidostigmin, aiki ɗaya yake yi da waɗancan magungunan ƙwarin, yana riƙe kolinesteras, sai dai shi a hankali kuma na ƴan awoyi, kamar 3 zuwa 4. A mai mayasteniya ana son hakan, saboda garkuwar jikinta ta lalata wasu daga ƙofofin da tsoka ke karɓar saƙo da su, in asetilkolin ya ɗan daɗe a wurin sai saƙon ya samu shiga. Amma akwai iyaka, in aka wuce ta tsokar sai ta toshe ta daina amsawa, majinyaci ya ji kasala ya ɗauka maganin ne bai isa ba ya ƙara, kasala ta ƙaru ya sake ƙarawa. Tarkon kenan.

Wahalar ita ce mai mayasteniya yana da hatsari iri biyu da suke kama da juna a ido. Ɗaya ciwon ne da kansa ya tsananta, wannan ma shi ya fi yawa nesa ba kusa ba, kuma yawanci wani abu ne ke tayar da shi, mura ko ciwon huhu ko tiyata ko haihuwa ko tsallake magani, ko wasu magunguna irin su jentamaisin da sifurofuloksasin da allurar maganiziyam. Ɗayan kuma maganin ne ya yi yawa. Abinda kika faɗa, gudawa da murɗawar ciki da miyau bayan ƙarin ƙwaya, ya fi karkata ga na biyun, musamman in akwai gumi da ɓarin nama da tsukewar baƙin ido, kuma in abin yana tsananta kamar awa ɗaya bayan ta sha. Amma ba zan yanke daga nan ba, ke ma kada ki yanke a gida, domin wanda ciwonsa ya tsananta shima miyau yana taruwa masa saboda ya kasa haɗiyewa. Da can ana yin wata allurar gwaji mai gajeren aiki a ga ko ƙarfi zai dawo ko zai ƙara raguwa, yanzu an bar ta a yawancin wurare, abinda ake yi shine a tsare numfashi tukuna, a dakatar da maganin ƙarƙashin kulawa, a nemi abinda ya tayar da ciwon.

Ga abinda za ki duba kafin ku isa. Ki ce ta ja numfashi ɗaya ta ƙirga da ƙarfi, in ba ta iya kai 20 ba akwai matsala. In ba ta iya kwanciya rigingine sai ta tashi zaune, ko kanta yana faɗowa gaba wuya ya kasa riƙewa, ko muryarta ta koma ta hanci, ko ruwa yana sarƙe ta, kada ku jira gari ya waye. Kuma kada ƴar na'urar nan da ake maƙalawa a yatsa don auna oksijin ta yaudare ku, tana iya nuna 97 alhali tsokar numfashi ta kusa ƙarewa, sai a ƙarshe lambar ke faɗuwa. Ku tafi da duk magungunanta, ku faɗi gaskiyar adadin da ta sha.

Masu kula da tsofaffi masu ciwon mantuwa su ma su ji, donefezil da ribastigmin duk wannan dangin ne. Tsoho ya manta ya sha ya sake sha, ko a manna sabon filasta ba a cire tsohon ba.

TAMBAYA: Likita ƙanena ya farfaɗo tun jiya daga gubar maganin ƙwari, yana magana yana cin abinci, amma sun ƙi sallamarsa wai sai an ƙara kwanaki. Anya ba riƙe mu kawai suke ba?

AMSA: Ɗan uwa ka yi haƙuri ka bar shi, suna da hujja. Akwai wani zagaye na biyu da ke zuwa wa wasu tsakanin awa 24 zuwa 96 bayan gubar, lokacin da miyau ya bushe kowa ya saki jiki. Wasu likitoci biyu a Siri Lanka, Senanayake da Karalliedde, su suka bayyana shi a 1987. Mutum yana cikin hayyacinsa sarai sai tsokar wuya da kafaɗa da ta numfashi su fara saki, atrofin ba ta hana shi, maganinsa na'urar numfashi, wani sati ɗaya wani biyu ko fiye, kuma in an tsare shi yana warkewa. In ka ga nas tana zuwa tana cewa ya ɗaga kansa daga filo tana danna goshinsa, abinda take nema kenan, raunin wuya ne ke fara nunawa. In wannan ya same shi a gida cikin dare babu abinda za ku iya.

Ban da haka wasu magungunan suna ɓuya a cikin kitsen jiki suna fitowa a hankali, sai alamun farko su dawo bayan an rage atrofin. Bayan sallama ma in sati 1 zuwa 3 ya ji ƙafafunsa na tsami ko dindiris ko yana jan ƙafa, ya koma, wasu daga cikinsu suna taɓa jijiyoyin ƙafa daga baya.

TAMBAYA: Wai da gaske ne maganin ƙwari da iskar gubar da ake yaƙi da ita abu ɗaya ne? Kuma maganin sauron da muke fesawa a ɗaki fa?

AMSA: Dangi ɗaya ne, ƙarfi ne ya bambanta. Wani masanin sinadarai Bajamushe, Gerhard Schrader, maganin ƙwari yake nema a 1936 ya faɗa kan iskar guba mai suna tabun, bayan shekara biyu aka samo ƴar uwarta sarin. Ranar 20 ga Maris 1995 da ƴan ƙungiyar Aum Shinrikyo suka saki sarin a jiragen ƙarƙashin ƙasa na Tokiyo, sama da mutum 10 suka mutu dubbai suka nufi asibitoci, kuma ƙorafin da yawansu irin na maigidan mai tambaya ta farko ne, gari ya yi musu duhu. Har ma'aikatan asibiti sai da abin ya taɓa su daga tururin kayan jikin majinyata, dalilin da yasa nake nanata a cire kaya a ƙulle kenan.

Na sauro kuma, yawancin na gwangwani da na kunnawa da wanda ke jikin gidan sauro dangin fairetiroid ne, ba sa taɓa kolinesteras, sun fi kawo atishawa da ƙaiƙayi da tari, ko da yake mai asma ya kiyaye. Wanda nake jin tsoro shine ruwan nan da ake ɗurawa a kwalba babu takarda, wanda ake ce wa fiya-fiya, sau da yawa daikulobos ne na gona aka tsinka. Shi yana tashi ya zama tururi, a yayyafa a ɗaki a rufe ƙofa da taga a kwanta, ko a shafa a kan yaro don kwarkwata, ko a zuba a kwalbar lemo a ajiye ƙarƙashin gado inda mai rarrafe zai kai. Ka juya kwalbar da ke gidanka ka karanta, in ka ga an rubuta DDVP, wato daikulobos, ko an ce maganin gubarsa atrofin ne, toh na wannan dangin ne, a bar shi cikin kwalbarsa ta asali a kulle a wajen ɗakin kwana da kicin, in kuma babu takarda sam kada ya shigo gidan.